Gawon Ibrahim El-Salahi

Mahaifina ya baro ƙauyenmu da ke yammacin Jihar Katsina a daminar 2021, bayan 'yan bindiga sun shigo karo na uku. Gero ya fara fitar da kai a lokacin, bai tsaya girbi ba. Kayan da ya iso da su gidana a Kano ba su cika bayan a-kori-kura ba: katifa biyu, tukwanen mahaifiyata, buhun tufafi, da wani tsohon allo da aka yi masa zayyana lokacin saukarsa, shekara fiye da hamsin da suka wuce. Tun daga ranar, duk hirar da aka fara da shi, ko ta tsadar shinkafa ce ko ta siyasa, sai ta ƙare a gindin wani gawo da ke gonarsa ta gabas.

Yakan faɗi yadda kakansa ya tarar da itacen a tsaye, yadda geron da ke ƙarƙashinsa ke fin na ko'ina girman zangarniya, da yadda awaki ke rububin 'ya'yansa da bazara. Da farko ina saurare da ladabi. Da tafiya ta yi tafiya, na koyi gyaɗa kai idona na kan waya. A raina na ɗauka wani ciwo ne da tsufa da baƙin ciki suka haɗu suka haifar, har na taɓa tambayar wani abokina likita ko akwai maganin da za a ba shi. Ina jin kunyar rubuta wannan, domin na shafe shekaru ina ɗauko rahoton 'yan gudun hijira, ina ƙirga su, ina neman wanda zai ba ni maganar da za ta dace da kanun labari. Ga ɗaya daga cikinsu a gidana, na kasa ba shi kunne.

Wanda ya gyara mini wannan kuskure wani dattijo ne ɗan Sudan, mai zane, da ban taɓa haɗuwa da shi ba. Bayan yaƙi ya ɓarke a Khartum ranar 15 ga Afrilun 2023, aka ba ni aikin haɗa rahoto kan barazanar da gidajen tarihi da masu fasahar ƙasar ke fuskanta. A cikin binciken na yi ta cin karo da suna ɗaya, Ibrahim El-Salahi, da jerin zane-zanensa na wani itace da Sudaniyawa ke kira haraz. Na nemi hoton itacen na gaske a intanet don in san abin da ake nufi. Da ya bayyana a fuskar kwamfuta sai na yi tsit. Gawo ne.

Ɗan malamin allo

An haifi El-Salahi a Omdurman ranar 5 ga Satumban 1930. Mahaifinsa malamin addini ne mai makarantar Alƙur'ani, irin wadda suke kira khalwa, kuma a can yaron ya fara riƙe alƙalami. Mai karatun da ya yi makarantar allo ba ya bukatar dogon bayani a nan. Allon katako ne, tawada ce ta baƙin tukunya da ƙaro, a rubuta, a haddace, a wanke, a sake rubutawa. Duk wanda ya san tarihin alhazanmu da suka ratsa Chadi zuwa Sudan a ƙafa, wasu suka yada zango har suka kafa garuruwa irin Mai Wurno a bakin Kogin Nilu, ba zai yi mamakin wannan kamanni ba.

Ya yi karatun zane a Kwalejin Gordon ta Khartum, sannan ya samu tallafi zuwa makarantar Slade ta Landan, inda ya zauna daga 1954 zuwa 1957. Ya dawo gida da ƙwarewa irin ta Turai: ya iya zana fuska ta fito kamar za ta yi magana, ya san yadda ake sarrafa haske da inuwa. Ya baje kolin ayyukansa a Khartum, mutane suka halarci buɗewa don kara da zumunci, suka tafi ba su waiwayo ba. Ya sha ba da wannan labari da kansa, a matsayin lokacin da ya gane cewa abin da ya kwaso daga Landan ba ya magana da mutanen da suka haife shi.

Wannan ita ce baƙuntarsa ta farko, kuma a gida ta same shi. Ina jin da yawa daga masu karanta wannan wasiƙa sun ɗanɗana irinta. Ka je ka yi digiri, ka dawo da kalmomin da suka ci maka jarrabawa, ka zauna a zauren gidanku ka ga babu ɗaya daga cikinsu da ke shiga hira.

Maimakon ya zargi jama'a da jahilci, sai ya shiga duba abin da suke ratayewa a bangon ɗakunansu da abin da suke ƙawata kayansu da shi. Ya ga ayoyi da aka rubuta da kyakkyawan hannu, ya ga adon faifai da na tabarma da na fata. Ya koma ga harafin Larabci, ya riƙa warware shi, yana jan wutsiyar wannan yana buɗe cikin wancan, har ma'ana ta fita daga harafin, siffa ta rage. Daga cikin siffofin sai fuskoki dogaye masu zurfin ido suka fara leƙowa, da jinjirin wata, da tsuntsaye, da dabbobi. Launukansa na wancan zamani na ƙasar Omdurman ne: ja irin na birji, ruwan ƙasa, baƙi da fari. Shi da abokan tafiyarsa irin Ahmed Shibrain da Kamala Ibrahim Ishag su ne aka sani da Mazhabar Khartum a fagen zane. Nijeriya na cikin ƙasashen da suka fara gane darajarsa, domin ƙungiyar Mbari ta Ibadan ta baje kolin zanensa a farkon shekarun 1960, ta kuma buga ɗan littafin ayyukansa a 1962.

Na san akwai mai karatun da zai tsaya a kan hukuncin zana mai rai, kuma wannan fage ne na malamai. Abin da ya shafi labarinmu shi ne mutumin bai taɓa ɗaukar aikinsa a matsayin fita daga gidan mahaifinsa ba. Ya sha bayyana cewa yakan yi alwala ya yi salla kafin ya zauna aiki. Kuma duk wanda ya taɓa kallon zayyanar allo da kyau ya san hannun da ya koyi ba da ta ya riga ya koyi auna layi da fili.

Takardar buhun siminti

A farkon shekarun 1970 El-Salahi ya zama babban jami'i a ma'aikatar al'adu ta gwamnatin Jafar Numairi. A Satumban 1975 aka yi yunƙurin juyin mulki, aka zarge shi da hannu a ciki, aka kai shi kurkukun Kober ba tare da an gurfanar da shi gaban alƙali ba. Ya yi wata shida da 'yan kwanaki a can.

An haramta wa fursunoni takarda da abin rubutu, wanda aka kama da su kuma ɗakin kaɗaici ne makomarsa. Shi kuwa ya samu guntun fensir, ya riƙa yayyaga takardar buhun siminti ƙanana-ƙanana yana zane a kai, in ya ji motsin gandiroba ya binne su a cikin yashi. Da yake takardar ba ta da faɗi, ba shi da halin tsara babban hoto tun daga farko. Sai ya fara da ɗan ƙwaya guda a tsakiya, in takarda ta cika ya kawo wata ya jera a gefenta, zanen ya ci gaba da yaɗuwa ta inda ya ga dama. Da aka sake shi a Maris na 1976, bai fito da ko ɗaya ba. Ya bar su a binne.

Dabarar ce ta biyo shi waje. Yana cikin ɗaurin talala a gida ya cika wani littafi da zane da rubutu kan abin da ya gani a Kober, littafin da yanzu ke hannun gidan adana zane-zanen zamani na New York. A 1977 ya bar Sudan zuwa Katar, inda ya zauna shekara kusan ashirin, ya kuma yi aiki a ma'aikatar yaɗa labarai. A tsawon wannan zama ya kusan yin sallama da launi gaba ɗaya, ya koma baƙar tawada a kan farar takarda. Tsakanin 1984 da 1985 ya yi ɗaya daga cikin manyan ayyukansa, wanda sunansa ke nufin abin da babu makawa sai ya faru. Falle tara ne aka jera suka zama hoto guda, cike da jama'a masu ɗaga hannu a gaban masu bindiga. A Afrilun 1985 mutanen Khartum suka fito kan titi, mulkin Numairi ya faɗi.

Na daɗe ina juya wannan al'amari na falle-falle. Wanda aka kora daga gida ba ya samun sukunin ɗaukar gidan. Abin da ya shiga hannu shi ake ɗauka, abin da ya shiga kai kuma guntaye ne: ƙamshin wani lungu, muryar wani ladani, inuwar wani itace. Mu da ba a kora ba mukan ɗauka tunawa kamar hoto ne da aka adana cikakke a akwati, a fito da shi in an so. Aikin El-Salahi ya nuna mini cewa ga wanda ya rasa wurinsa, tunawa gini ne da ake yi kullum, a fara daga guntu guda a riƙa jera sauran a gefensa. Shi ya sa mai yin sa yake komawa wuri ɗaya a kowace hira. Daga nan ginin yake tashi.

Itacen da ya yi faɗa da ruwan sama

A 1998 El-Salahi ya koma Oxford a Ingila da zama. A can, garin da yayyafi ba ya yankewa kuma gawo ba ya tsira, launi ya dawo hannunsa, ya shiga zana haraz ɗaya bayan ɗaya har suka zama jeri mai yawa.

Manomi ya san halin gawo, amma bari in faɗa saboda 'yan birni. Kusan kowane itace a ƙasarmu yana yin ganye da damina ya kaɗe da rani. Gawo ya saɓa. Da ruwa ya sauka sai ya zubar da ganyensa ya tsaya fari fat kamar busasshe, sai damina ta ɗauke, ƙasa ta bushe, sannan ya yi kore shar. Saiwarsa tana nutsawa ƙasa sosai har ta tarar da ruwan da sauran tsirrai ba sa kaiwa gare shi. Ganyen da ya zubar a farkon damina yana ruɓewa ya zama taki daidai lokacin shuka, saiwar tana ƙara wa ƙasa sinadarin naitirojin, kuma da yake ba shi da ganye a lokacin, ba ya tare wa gero rana. Da rani kuma, sa'ad da ciyawa ta ƙare, 'ya'yansa ne abincin dabbobi. Wannan ne dalilin da ya sa manoma daga Katsina har Damagaram ba sa son a taɓa shi. Sudaniyawa suna da tatsuniyar cewa haraz faɗa ya yi da ruwan sama, shi ya sa ba sa ga-maciji. El-Salahi ya ɗauki itacen a matsayin misalin mai tsayawa a kan halinsa ko da duniya duka ta bi wata hanya.

Abin da zai ba mai kallo mamaki shi ne yawancin zanen ba su yi kama da itace ba. Layi ne guda a tsaye, siriri, sai layuka a kwance suna ratsa shi, an ja su da tawada mai launi cikin natsuwa da awo. Wani ya yi kama da ƙashin bayan mutum, wani da tsani, wani da shafin littafin da aka ja wa layi ana jiran rubutu. Babu ƙaya, babu awaki, babu Kogin Nilu a bayansa.

Wani dare bayan sallar isha na kai wa mahaifina waya.

"Baba, ga wani mutumin Sudan da ya zana gawo."

Ya karɓa, ya nisanta ta da idonsa, ya juya ta gefe, ya maido.

"Wannan ai ba gawo ba ne, ɗan jarida. Ina rassan? Ina ƙayar?"

Na yi dariya, don na tuna mutanen Khartum da suka zo buɗe baje koli suka tafi. Sai na ba shi labarin mutumin: makarantar mahaifinsa, kurkuku, takardun da ya binne, Katar, Ingila. Bai katse ni ba, abin da ba halinsa ba ne.

"Shekara nawa ka ce rabonsa da zama a garinsu lokacin da ya yi wannan?"

"Fiye da ashirin, Baba."

Ya sake duban wayar, ya daɗe.

"To, shi ya sa. Ganyen ya zube masa. Tsayuwar ce ta rage."

Na karanta sharhin masana da dama kan wannan jeri, amma ban ga wanda ya kai wannan ba. Nisa da daɗewa suna kaɗe wa tunani ganye. Sunayen maƙwabta suna ɓacewa, launin ƙofa yana shuɗewa, har a wayi gari abin da ya saura shi ne yadda abin yake tsaye a cikin mutum. Mahaifina ya gane haka nan take domin shi ma ya fara jin nasa ganyen yana zuba, kuma tsoron da yake ji ke nan.

Abin da ake yi da guntu

Duniya ta zo ta tarar da El-Salahi a makare. A 2013, yana da shekara 82, gidan zane na Tate Modern da ke Landan ya shirya baje kolin ayyukansa na tsawon rayuwa, karo na farko da ya yi wa wani mai zane ɗan Afirka haka. Amma abin da ya fi taɓa ni ya zo bayan wannan. Da tsufa ya kawo ciwon baya mai tsanani, ya kasa tsayawa gaban babban allon zane, sai ya koma zama a kujera yana buɗe kwalayen magungunan da yake sha, yana zane a cikinsu da bayan ambulan. Ya ce yakan manta da ciwon muddin alƙalami na tafiya. Irin waɗannan ƙananan zane da ya yi lokacin kullen korona an nuna su a babban baje kolin Venice na Italiya a 2022. Mutumin da ya yi zane a takardar siminti yana da shekara 45 ya dawo yana yi a kwalin magani yana da shekara 90. Sau biyu ana ƙuntata masa fili, sau biyu yana fara gini daga abin da ya rage a hannunsa.

Ba na son in mayar da wannan labari wa'azin cewa wahala alheri ce. Kurkuku zalunci ne, kuma babu zanen da zai biya mutum wata shida na rayuwarsa ko shekarun da ya yi nesa da kabarin iyayensa. Omdurman da ya zana launin ƙasarta ta zama fagen daga, miliyoyin 'yan Sudan sun bar gidajensu, kuma mafi yawansu ba za a taɓa rataye tunaninsu a bangon wani gidan tarihi ba. Haka mutanen ƙauyenmu da suka watsu a Katsina da Kano da Maraɗi. Abin da na koya ya fi wannan ƙanƙanta: idan wanda aka raba da gida ya yi ta maimaita abu guda, aiki yake yi, kuma yana bukatar wanda zai riƙe masa ɗaya gefen takardar.

Washegarin hirar nan na kawo littafi da biro na ce Baba ya zana mini gonar. Ya ce hannunsa bai saba da wannan ba. Ya sauko daga tabarma, ya share yashin tsakar gida da tafin hannu, ya dangwala yatsa a tsakiya.

"Nan ne gawon."

Daga nan ya fara ja. Taki kaza zuwa gabas, iyakarmu da gonar wane, akwai jerin gamba. Ta kudu akwai tsohuwar rijiya da aka cike a zamanin kakansa. Ta arewa akwai burtali, kuma an taɓa yin shari'a a kansa gaban dagaci, ga waɗanda suka yi shaida, biyu sun rasu, ɗaya yana gudun hijira. Sai a lokacin na fahimci abin da ya shafe shekara biyu yana ƙoƙarin danƙa mini. Gonar ba ta da takarda a kowane ofis. Iyakokinta suna cikin kan mutanen da yanzu suka watse, kuma dukkan awonta daga gindin gawon yake farawa. Duk ranar da Allah ya kawo zaman lafiya aka koma, gamba ta ƙone, burtali ya shafe, itacen ne kaɗai zai nuna inda gādonmu yake. Ni na ɗauka kewa ce kawai ke damunsa, ashe har da wasiyya yake bari.

Na ɗauki hoton zanen da waya kafin yara su dawo daga islamiyya su tattake shi. Daga baya na kwafe shi a littafi, kuma kusan kowane mako sai ya sa an ƙara wani abu a gefe: sunan wata fadama, inda aka binne wane, shekarar da fari suka zo. Shafi ɗaya ya zama goma sha ɗaya, na fara liƙa su da juna.

Yanzu da nake wannan rubutu hunturu ya shiga, ƙura ta rufe Kano. Jiya da safe Baba ya leƙa waje, ya dubi sama, ya ce war haka gawon ya gama yin ganye. Na tambaye shi ko yana ganin ba a sare shi ba. Ya ce wanda ya san gawo ba ya sare shi, wanda bai san shi ba kuma da damina zai ɗauka ya mutu, ya wuce. Sannan ya ce in ɗauko littafin, ya tuna wani abu ta yamma.